Masallacin Kwali na Ɗanki

Zuwa ga Yaya Hajara,

Gaisuwa mai yawa. Ina fatan kina lafiya, da Malam da yara. Yaya ciwon ƙafar? Mu nan Zango sai godiya.

Kin tambaye ni aikin da ɗanki Sani yake yi a Akra. To, na gani da idona. Makon jiya ya zo Kumasi da Turawan silima. Aikinsa shirya musu wurin ɗaukar hoto. Ya dubi masallacin unguwarmu, wanda mahaifinmu ya yi dakon tubalinsa, ya ce rufin kwano bai yi kama da Zango ba. Sai ya kafa nasa a unguwar Dichemso da katako da kwali, ya yaɓe da laka.

Aka tara dattawa wai mu yi sahu a ɗauka. Liman ya tsaya, ya waiga, ya ce, "Sani, ina alƙiblarka?" Yaya, yamma ya fuskantar da masallacin. Ko kunya babu ya ce, "Baba, ta nan haske ya fi kyau."

Muka ɗauki takalmanmu muka watse. Washegari ya kwaso 'yan dako daga kasuwa, ya naɗa musu rawani, suka yi masa ruku'u.

Yanzu in na wuce rumfar mahauta sai a tambaye ni ko mu ma a gidanmu yamma muke kallo.

Ki gai da Malam da Inna Kande. Ki sa mu a addu'a, ki roƙa wa ɗanki Allah ya nuna masa gabas.

Ƙaninki,
Garba