Sunan Mahaifina Ba Isma'il Ba Ne

Assalamu alaikum 'yan uwa na wannan zaure. Admin don girman Allah ki ɓoye sunana da lambata, akwai dangin mijina a cikin nan, na san wasu za su gane ni amma dai a ɓoye. Don Allah ku ba ni shawara kuma da wuri, domin jibi Juma'a ne sunan ɗana. Da hannu ɗaya nake rubutun nan, ɗayan yana riƙe da jariri, idan kun ga kuskure ku yi haƙuri.

Ni 'yar Najeriya ce, shekarata talatin da bakwai, ina zaune a Jidda unguwar Waziriyya. Umra ce ta kawo ni shekara goma sha uku da suka wuce ban koma ba, kun san yadda abin yake, har yau ba ni da iƙama, wato takardar izinin zama, ɗinkin abaya nake yi a cikin gida. Mijina haifaffen nan ne, kakanninsa ne suka zo aikin Hajji suka zauna, gyaran mukayyif yake yi, wato na'urar sanyaya ɗaki. Shekararmu goma sha ɗaya da aure, ko ɓatan wata ban taɓa yi ba sai a wannan karon da Allah ya dube ni. Juma'ar da ta wuce na haifi namiji.

Abin da dangin mijina ba su sani ba sai ranar Lahadin nan shi ne, ni ba a cikin Musulunci aka haife ni ba. Mu Hausawa ne gaba da baya, daga wani ƙauye a kudancin Katsina, amma gidanmu Kiristoci ne. Mahaifina kafinta ne, kuma shi ke yi wa mutane karatu a majami'ar ƙauyenmu idan fasto bai samu zuwa ba. Na musulunta ina da shekara goma sha tara a wajen ƙanwar mahaifiyata da ke aure a Funtuwa, da hankalina, babu wanda ya matsa mini. Ranar da na koma gida da hijabi na faɗa wa mahaifina, na ɗauka korata zai yi, sai ya daɗe yana goge katako bai ɗago ba, can ya ce, “To ki riƙe shi da gaske, kada ki yi wasa da shi.” Azumin farko da na yi a gidansa, shi yake zuwa kasuwa da kekensa ya sayo mini kankanar buɗa baki. Ina faɗa muku wannan ne don ku san irin mutumin da ake magana a kansa kafin ku fara rubuta amsa.

Sunansa a takarda Samuel. Amma a majami'un Hausa ba a cewa Samuel, Sama'ila ake cewa, duk ƙauyenmu da Sama'ila kafinta aka san shi. Lokacin da mijina ya nemi aurena na zaunar da shi na faɗa masa komai, ban rage ko ɗaya ba, ya ce shi ba shi da matsala, amma in bari tukuna kada mahaifiyarsa ta ji, a hankali zai sanar da ita. Ranar da aka kai ni gaishe ta, ta tambayi sunan mahaifina na ce Sama'ila, ta ce Masha Allah, Isma'il, sunan ɗan Annabi Ibrahim. Na sunkuyar da kai ban gyara mata ba. Mijin ƙanwar mahaifiyata ya yi mini walicci ta waya, aka ɗaura aure, “a hankali” ɗin nan na mijina kuwa har yau bai zo ba.

Ban zo nan don in ɓata surukata ba. Ummi muke ce mata, kuma wallahi uwa ce. Duk shekarun da na yi ban haihu ba, ko da wasa ba ta taɓa yi mini gori ba, idan mata suka fara maganar a wajen biki ita ke cewa yalla a canza hira. Da aka rushe mana gida a unguwar Karantina, ita ta nemo mana wurin da muke yanzu, tana hawa na sama muna ƙasa.

A shekara ta bakwai da aurena wata likita ta faɗa mini maganar da ta karya mini zuciya a kan haihuwa, na fito daga asibiti na kira Baba ina kuka a bakin titi. Ya bari sai da na yi mai isata, sannan ya ce, “Ke kin san ma'anar sunana kuwa?” Na ce Baba ina kuka kana yi mini maganar suna. Ya ce in saurara. Ya ce sunan na Ibrananci ne, asalin faɗarsa Shemu'el, kalma biyu ce aka haɗa, ta farko tana nufin suna, ta ƙarshe El, wato Allah, ke nan sunan Allah. Ya ce wasu masana kuma suna jin kalmar ji a cikinsa, sai su fassara shi da Allah ya ji. Ya ba ni labarin matar da ta fara raɗa wa ɗanta sunan a littafinsu, Hannatu, wadda ta yi shekaru ba haihuwa, ta je ɗakin ibada tana roƙo leɓenta na motsi babu murya har mai kula da wurin ya ɗauka maye take yi, daga baya ta haifi namiji ta ce roƙonsa ta yi a wajen Ubangiji. Ya ce kakata ma sai da ta binne 'ya'ya uku kafin shi, shi ya sa ta zaɓa masa sunan. Ya ce, “Wanda ya ji Hannatu yana nan, kuma ke ma Shi kike kira sau biyar a rana, share hawayenki ki hau mota.” A wayar nan na yi masa alƙawari idan na haifi namiji sunansa zai ci. Ya yi dariya ya ce a ƙasar Makka? Kada in jawo wa kaina.

Shekara uku ke nan da rasuwarsa. Ban je ba, don idan na fita ba ni da hanyar dawowa. A nan ne babban laifina yake, kuma ba zan ɓoye shi ba. Ummi ta dafa abinci ta tara mata aka yi mini zaman gaisuwa, ana ta cewa Allah ya jiƙan Malam Isma'il. Bayan sati biyu, da ciwon gwiwarta da komai, ta hau mota ta tafi Makka ta yi umra da sunansa, ta dawo ƙafafunta a kumbure ta miƙo mini zamzam ta ce, “Ya binti, 'yata, na yi wa babanki.” Na karɓa na ce na gode. Na shiga ɗaki na yi kuka kamar raina zai fita, na roƙi mijina mu faɗa mata, ya ce yanzu kuma ai ya fi muni, in yi shiru. Na yi shirun.

To ranar Lahadi, kwana biyu da haihuwa, Ummi ta sauko tare da yayar mijina, wadda muke kira Abla. Ummi ta ɗauki yaron tana murna ta ce ita da ɗanta sun gama magana, Isma'il za a sa masa, don a faranta mini a tuna da mahaifina. Na kalli mijina, ya duƙar da kai yana latsa waya. Ban shirya maganar ba, kawai ji na yi ba zan iya ba, na ce, “Ummi, sunan mahaifina ba Isma'il ba ne. Samuel ne, Kirista ne, a Kirista ya rasu. Kuma sunansa nake so a sa wa yaron nan yadda littattafan Musulmi suke faɗarsa, Shamwilu.”

Abla ce ta fara, ta ce eb, abin kunya, ashe ƙarya aka yi musu aka shigo gidansu, kuma sunan Yahudawa ba zai shiga zuri'arsu ba. Ni kuma bakina ya buɗe. Na ce mata shi Isma'il ɗin da take so daga ina ya fito, ai shi ma Ibrananci ne, shi ma kalma biyu ne, ji da Allah, ƙarshensa ɗaya da na Shamwilu, ɗaya da na Jibrilu da Mika'ilu. Na ce ɗanta na fari Zakariyya fa, ta je ta tambayi ma'anarsa, Ubangiji ya tuna, shi ma daga can yake, ko shi ma za ta canza masa. Da ta rasa ta cewa sai ta ce macen da ba ta da iƙama ba ta ɗaga murya a gidan mutane. Na gane abin da take nufi sarai, na ce ga waya nan ta kira duk wanda za ta kira, su zo su ɗauke ni da jegona, ko a cikin jirgi ne Shamwilu zan kira shi.

Ummi ba ta ɗaga murya ba. Ta kwantar da yaron a hankali ta gyara masa zani, ta dube ni ta ce, “Ranar da na dawo daga Makka, kin kalli idona kin ce kin gode. Me ya hana ki faɗa mini a ranar?” Ta juya ga ɗanta ta tambaye shi da Larabci ko ya sani, ya ce ya sani. Ta ɗauki mayafinta ta hau sama. Tun ranar ba ta ƙara shigowa ba, amma kullum da safe sai na ji an ƙwanƙwasa ƙofa, in buɗe in tarar da kunun kanwa a fulas, in ji takun ƙafarta tana hawa bene. Wannan fulas ɗin ya fi duk zagin Abla yi mini ciwo.

Ranar Litinin mijina ya je wajen wani malami da ke tafsiri a masallacin unguwa, ina jin so yake a ce masa haramun ne ya huta. Malamin ya ce masa sunan yana cikin littattafan tafsiri, malamai da yawa sun ce Shamwilu ne annabin Banu Isra'ila da ya sanar da mutanensa sarautar Ɗalutu, babu laifi Musulmi ya sa wa ɗansa. Amma ya ƙara masa da cewa uba ne ke da maganar ƙarshe a kan suna, kuma ya kula da zuciyar mahaifiyarsa. Mijina ya dawo ya kawo mini abin da ya kira sulhu, wai a rubuta Isma'il a takarda, ni kuma in riƙa kiransa Sama'ila a gida, kowa ya samu nasa. Ya ce in yi tunanin yaron a makaranta cikin 'ya'yan Larabawa, ba su san sunan ba, dariya za su yi masa. Na tuna masa ranar da gwaji ya nuna ina da ciki, da bakinsa ya ce idan namiji ne sunan Baba za a sa, ya ce shi Isma'il yake nufi, na ce kada ya raina mini hankali, shi kaɗai ne a gidan nan ya san sunan Baba na gaskiya. Jiya ya ce halas, wato shi ke nan, ba zai ƙara magana ba, zai sa abin da na zaɓa tunda ya yi alƙawari, amma in sani idan Shamwilu ne mahaifiyarsa ta ce ba za ta sauko wajen suna ba, kuma ni zan ɗauki nauyin abin da ya biyo baya.

Ni ban ƙi sunan Isma'il ba, sunan Annabi ne, ina girmama shi. Abin da na ƙi shi ne a ɗauki ƙaryar da na yi shekara goma sha ɗaya ina ɗauke da ita a liƙa wa ɗana a goshi, ya girma yana cewa sunan kakansa ya ci alhali ba haka ba ne, ranar da ya tambaye ni waye kakansa in sake sunkuyar da kai. Na ɓoye mutumin nan yana raye, na ɓoye shi a gaisuwar mutuwarsa, ba zan ɓoye shi karo na uku ba. Addinina yana nan daram, sallata ba ta ragu ba, kuma ban ce zan yi masa hukuncin lahira ba, wannan na Allah ne. Amma ubana ne, ya ciyar da ni da gumin jikinsa, ban ga ranar da zan ji kunyarsa ba kuma.

Don haka masu shirin rubuta mini cewa sunan haramun ne ku huta, an riga an tambayi wanda ya fi ku karatu. Masu shirin zagin mahaifina kuma ku sani zan karanta, kuma ba zan yafe ba. Abin da nake tambaya shi ne wannan. Na zalunci Ummi, wannan na yarda, ina so in hau benen nan gobe in durƙusa in nemi gafararta a kan ƙaryar da na yi mata. To yaya zan faɗa mata yadda za ta gane cewa haƙurin ƙarya nake ba ta, ba haƙurin wanda ya haife ni ba? In tafi ni kaɗai, ko in tilasta wa ɗanta ya raka ni tunda tare muka yi laifin? Idan ta yafe mini amma ta ce sharaɗinta a sa Isma'il, me zan ce wa tsohuwar da ta yi ɗawafi da kumburarrun ƙafafu saboda ni? Iyaye mata na zauren nan, musamman waɗanda suka aurar da 'ya'ya maza, idan ku ne Ummi, wace magana ce za ta sauko da ku daga bene ranar Juma'a? Ku faɗa mini ita in je in faɗa, ko mene ne zan iya, in dai ba a ce in ce ubana wani ne daban ba.