Kinish ɗin da Mama Ta Bari

Brooklyn, farkon Maris

Ƙanwata Henya,

Ina gaishe ki da kyau, ke da Zalman da yara. Yaya sanyin Montreal, yaya ƙafar taki? Mu nan ƙalau, ban da Baba.

Tun da muka binne Mama ba ya cin komai sai shayi da ɗan biskit. Wando ya daina zama a ƙugunsa. Likita ya ce in aka ci gaba a haka, kwantar da shi za a yi ana zura masa abinci ta hanci.

Mama ta bar faranti guda na kinish, dankalin nan da take naɗewa cikin kwaɓin fulawa ta gasa, a firiza, waɗanda ta yi ana saura 'yan kwanaki ta faɗi. Baba ya hana kowa taɓawa. Na ce bari in ɗumama masa ɗaya. Ya ce, "Tsirel, ki taɓa ki ga ikon Allah."

Sai na yi nawa. Na dafa dankali na marmasa, na soya albasa da kitsen kaza har ta yi ja, na shimfiɗa kwaɓin a kan tebur ina ja har ana ganin zanen mayafin tebur ta cikinsa. Na naɗe, na yanka da gefen hannu kamar yadda Mama take yi. Yini guda cur, bayana kamar ya ɓalle. Baba ya ɗauki ɗaya ya auna a tafin hannu, ya ce, "Wannan na jifar ɓarawo ne ko na ci?" Maƙwabta ne suka cinye.

Ki daina aiko masa da alewa, ni ke shanyewa.

Yayarki,
Tsirel

Brooklyn, ƙarshen Maris

Henya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan tarin Zalman ya yi sauƙi. Na ga saƙonki. Kin ce in yi haƙuri da Baba. To madalla, daga Montreal haƙuri ba ya wuya.

Kin manta Idin Ƙetarewa ya ƙarato? Duk abin da aka kwaɓa da fulawa sai ya bar gidan nan, ko a ci ko a ƙone. Na share ko'ina, har aljihunan rigunansa na zazzage. Saura firiza.

Na kira malaminmu, Rabbi Shulman, ya lallashe shi. Ya ce wa Baba, "Reb Mendel, abu mai sauƙi. A kulle firizar, a sayar wa wanda ba Bayahude ba kamar yadda kowa ke yi, bayan Idi a saye ta a dawo." Baba ya ce shi tun da yake bai taɓa ɓoye burodi ya ce wai ya sayar ba, kuma ba da girkin matarsa zai fara ba. "In sayar wa mai gadin bene girkin hannun matata Fruma? Haba, Rabbi!" Rabbi ya sha shayinsa ya kama hanya.

Ke nan ba zai sayar ba, ba zai ci ba, ba kuma zai karya doka ba. Jiya da zai tashi daga kujera sai da na kama shi. Tsoro nake ji, Henya, na faɗa miki.

Taki,
Tsirel

Brooklyn, bayan Idi

Henya,

Da fatan kun yi Idi lafiya, yara sun ci sun ƙoshi. Ga abin da ya faru.

Ran jajibiri da safe na tarar da shi a kicin ya kunna tanda da kansa, farantin Mama na ciki. Ƙamshin albasarta ya cika gidan. Ya zauna ya ci ɗaya, a hankali. Ya ci na biyu. Ya tura mini na uku, ya ce, "Ci, ki ji inda kike kuskure. Ke rowar masoro gare ki." Na ci. Gaskiyarsa.

Muna cikin haka lokacin da doka ta yarda a ci fulawa ran jajibiri ya wuce, saura guda a faranti. Ya dubi agogo, ya naɗe shi a takarda, muka sauka titi inda maza suka hura wuta a durom suna ƙona ragowar burodi. Sai ya miƙo mini in jefa.

Da na buɗe takardar na ga ramin da ke samansa, inda take dannawa da babban yatsa. Shatin yatsanta ne, har da ɗan karcen farce. Ni da nake ta faɗan a kawar da su, na tsaya a gaban mutane na kasa. Kuka na yi, irin wanda ban yi a maƙabarta ba.

Baba ya karɓe daga hannuna. Ya ce, "Ya isa, 'yata. Uwarki ba ta taɓa shiga Idi da fulawa a gidanta ba, ba za mu sa ta fara yau ba." Ya jefa, ya yi addu'ar da ake yi, ya riƙe hannuna muka hau bene. Ni ban san wa ke riƙe da wa ba.

A daren Idi ya ƙara miyar kaza sau biyu, kuma ya ce gishiri ya yi yawa.

Ki gaida kowa, ki shafa mini kan autarki.

Yayarki,
Tsirel