Ka Cire Muryata Daga Waƙarka

Zuwa ga Mai girma ɗan takarar kansila na mazaɓarmu ta Tarai,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa irin ta addinin Musulunci, ni ne limamin masallacin unguwar da ka ziyarta kafin azumi. Na aika maka mutane ka ƙi sauraronsu, shi ya sa na fito fili.

Na farko, ka zo ƙofar gidana ka durƙusa ka nemi addu'a, na yi maka. Al'adarmu ce, wanda duk ya zauna a tabarmar malami ba ya tashi babu addu'a. Abokin hamayyarka ma ya zo, irin wadda na yi maka na yi masa. Ashe lokacin da hannuwana ke sama, wani cikin 'yan rakiyarka ya kanga mini waya yana naɗar muryata.

Na biyu, kuka kai muryar wurin masu tura waƙa a waya, wato masu turi, a Rano, suka yanko inda na ce Allah ya ba ka nasara, suka liƙa a farkon waƙar kamfen ɗinka. Ina rufe baki sai kalangu ya ɗauka! Yanzu tana cikin wayar kowane ɗan acaɓa, ana tura ta ta bulutut daga Kibiya har Rurum. Rannan muna tsakiyar sallar La'asar wayar wani ta yi ƙara, na ji kaina ina yi maka talla da kiɗa. Kai da kake yawo kana cewa kai ɗan Shari'a ne, ko kunya ba ka ji ba?

Abin da ya fi ci mini rai, 'yan ɗaya jam'iyyar sun daina bin sallata, suna cewa an saye ni. Sahun da yake kaiwa bakin ƙofa yanzu da ƙyar ɗaya yake cika. Maƙwabcina Alhaji Ɗanladi, wanda tun muna samari yake tsayawa a bayana, ta gabana yake wucewa da butarsa zuwa wani masallacin.

Buƙatata ita ce ka sa a goge waƙar nan a wurin masu turi, sannan ka zo bayan sallar Juma'a ka faɗa wa jama'a da bakinka cewa ban sani ba aka naɗe ni.

Allah ya shirye ka, ya sa ka gane. Ba zan yi maka baki ba, amma wallahi ban yafe ba sai ranar da mutanena suka dawo sahu.

Wassalam.

Malam Hadi Liman, Tarai.