Roƙon A Dakatar da Goge Muryar Mai Ɗakina

Zuwa ga:
Mai Girma Shugaban Kwamitin Kula da Ƙa'idojin Bincike,
Cibiyar Nazarin Rayuwar Iyali da Zamantakewa.

Daga:
Tsohon limamin masallacin bayan asibiti,
mijin marigayiyar da takardunku suka sani da Mai Amsa ta 214.

Litinin, 4 ga Maris, 2024, daidai da 23 ga Sha'aban, 1445.

Game da: cire amsoshin mai ɗakina daga sakamakon bincikenku, da shirin goge muryarta ranar 29 ga wannan wata.

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwar girmamawa, da addu'ar Allah Ya dafa maka a kan nauyin da aka ɗora maka, ina neman izinin gabatar da kukana. Ni dattijo ne. Na yi limanci da karantarwa har ranar da ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da ni, shekara tara ke nan. Babbar 'yata ce ke buga wannan takarda ina yi mata shifta. In an ga kuskure, nawa ne.

Ranar Laraba, 14 ga Yuni, 2023, wata ma'aikaciyarku ta zo gidana. Ta ce cibiyarku na bincike a kan wahalar masu jinyar marasa lafiya a gida, kuma sunan gidanmu ya fito a cikin waɗanda aka zaɓa. Mai ɗakina ce ke jinyata: ita ke juya ni, ta yi mini wanka, ta yi mini alwala, ta ba ni abinci a baki har hannun hagu ya koyi riƙe cokali. Ma'aikaciyar ta zo da ladabi, ina yi mata wannan shaida. Ta nemi a rufe ƙofar falo domin matata ta saki jiki ta yi magana, ni kuma na ga dacewar hakan. Suka yi hirarsu da na'urar ɗaukar murya a kan tebur, ina kwance a ɗaki.

Ranar Juma'a, 3 ga Nuwamba, Allah Ya karɓi ranta. Tana shanya zannuwan gadona a igiya ta zauna ta ce kanta na juyawa, ba ta sake tashi ba. Mai jinya ta riga majinyaci. Daga Allah muke, kuma gare Shi za mu koma.

Ga abubuwan da nake kuka a kansu.

1. Ranar Asabar, 17 ga Fabrairu, kun gayyaci iyalan waɗanda aka yi hira da su domin a karanta mana sakamako. Aka tura ni a keken marasa lafiya na halarta a madadinta. Masanin ƙididdigarku ya haska wani zane a allo, cike da ɗigo-ɗigo, ya ce kowane ɗigo mutum ɗaya ne. Gwargwadon yawan awannin jinya, gwargwadon nauyin da mutum ya ce yana ji, sai ɗigogin suka jeru suna hawa kamar ayarin tururuwa. Can ƙasa a kusurwa, ga ɗigo ɗaya shi kaɗai. Ya nuna shi da sanda, ya ce wannan wata dattijuwa ce mai jinyar mijinta limami dare da rana, amma da aka ce ta zaɓi nauyin daga ɗaya zuwa biyar, sai ta zaɓi ɗaya, wato babu nauyi. Ya ce ko dai ba ta gane tambayar ba, ko kuma tsoron Malam ne, don haka an cire ta. Zauren ya yi dariya. Ranka ya daɗe, bai faɗi suna ba, amma limamai nawa ne a kwance a unguwarmu? Maƙwabtana da ke layin gaba suka waiwayo, suka gan ni, dariyarsu ta maƙale. An yi mata alkawarin ba wanda zai gane ta. An gane ta, kuma tana kabari.

2. Ba na jayayya da ilimin da ban karanta ba. Bayan taro masanin ya zo har wurin kekena, ya durƙusa, ya yi mini bayani cewa ɗigo ɗaya da ya yi nisa haka yana iya karkatar da lissafin ɗaruruwan mutane, kuma ware irinsa hanya ce sananniya a wurinsu. Na karɓa. Mu ma a karatunmu akan sami ruwayar da mutum ɗaya ya kaɗaita da ita, ta saɓa wa ta jama'a, a ajiye ta gefe. Sai dai akan rubuta ta, a binciki mai ita, ba a yanke masa hukunci da zato. Matata ta rayu wata huɗu da wani abu bayan hirar. Gidan yana nan inda yake, ƙofarsa ba ta rufuwa. Ba wanda ya dawo ya tambaye ta me take nufi.

Batun rashin ganewa, wannan zan iya amsawa. Mace ce da ke karanta ƙananan rubutun kwalin magani, ta mayar wa mai kyamis in ya ba ta wanda ba shi ba. Batun tsoro kuwa, mutum ba ya zama shaidar kansa. Abin da na sani shi ne ita ce ke kirana jaririnta mai gemu, tana cewa ta yaye bakwai, wannan na takwas ɗin ya ƙi yayuwa. Amma tun ranar taron nan maganar ba ta bar ƙirjina ba. Ina cikin lazimi sai ta faɗo mini: ko ta gaji ne ta ɓoye? Ko ni ne ban gani ba? Masaninku ya faɗi maganarsa don zaure ya ware, ya tafi gida. Ni ya bar mini ita, kuma wadda za ta warware mini ba ta nan.

3. Ranar Talata, 27 ga Fabrairu, na je ofishinku. Bene ne, babu hanyar keke, masu gadi suka ɗauke ni cak har sama, Allah Ya saka musu. A can jami'ar adana bayanai ta sanar da ni cewa muryoyin waɗanda aka cire daga lissafi su ake fara gogewa, tun da ba sauran aikin da za su yi, kuma an sa ranar 29 ga Maris. Na roƙi a ba ni kwafi. Ta ce an yi wa marigayiya alkawarin ba wanda zai ji amsoshinta, har da mijinta, kuma mutuwa ba ta warware wannan alkawari. Ranka ya daɗe, gaskiyarta. Shekaru na yi ina karantar da cewa sirrin da aka ba mutum ajiya ne, kuma ba duk ajiya ake gada ba. A take na janye roƙona, kuma ba na dawo da shi a nan. Ko da amsar abin da ke cin raina tana ciki, ba ni da haƙƙin buɗe ƙofar da ni da kaina na yarda a rufe.

Amma a san halin da muke ciki. Ba mu da muryarta a ko'ina. Ba ta son a ɗauke ta: da yara sun ɗaga waya sai ta ja mayafi ta yi gum, tana yi musu daƙuwa. Mun bincike wayoyin 'ya'ya da jikoki kaf. Akwai hotuna, akwai bayanta tana wucewa a wani bidiyo, babu kalma ɗaya. Fuskarta tana nan a idona. Muryar ce ta fara suɓuce mini. Nakan nemi yadda take furta sunan autarmu, sai in ji muryar wata.

4. Akwai wani guntu a farkon abin da aka ɗauka wanda ba ya cikin hira. Kafin a karanta mata sharuɗɗa, kafin a rufe ƙofa, ma'aikaciyar ta kunna na'urar domin gwaji, ta ce Mama ta faɗi ko mene ne a ji ko tana ɗauka. Sai mai ɗakina ta yi dariya, ta ɗaga murya ta ce: "Malam, ga baƙi sun zo da akwatin tsegumi, yau asirinka zai tonu. Ka shanye maganin nan, kada in fito in tarar da shi." Aka mayar aka ji, ta sake dariya ta ce ashe haka muryarta take kamar tsohon ƙyaure. Wannan magana ni aka yi wa, da ƙarfi, ƙofa a buɗe, duk gidan ya ji. Ba amsa ba ce, ba sirri ba ce, ba ta cikin lissafin kowa. Na bayyana wa jami'ar haka. Ta ce ta fahimta, idonta ma ya kawo ruwa, amma ƙa'ida ba ta bambanta farko da tsakiya ba, kuma kwamitinka ne kaɗai ke da ikon ba da izini. Na tambaye ta yaushe kwamitin zai zauna. Ta duba, ta ce a watan Afrilu.

Saboda haka, cikin ƙanƙan da kai, ina roƙon:

a) A dakatar da goge muryar Mai Amsa ta 214 har kwamiti ya zauna ya duba wannan takarda.

b) A yanke mini guntun gwajin kaɗai, daga kunna na'ura zuwa rufe ƙofa. Ma'aikaciyar da ta yi hirar ita ta yanke, domin kada wani sabon kunne ya ji abin da ya biyo baya. Sauran a goge kamar yadda aka yi wa marigayiya alkawari.

c) In batun cire ta zai shiga rubutaccen rahoto, a ce an ware amsarta ne domin ta yi nisa da sauran, kuma ba a san dalili ba. Kada a rubuta tsoro, kada a rubuta rashin ganewa, kada a ambaci limami.

Ba na neman a hukunta kowa. Masanin ƙididdiga sa'an ɗana ne, ya ba ni haƙuri, na yafe nawa. Nata kuwa ba ni da ikon yafewa, sai dai ya yi mata addu'a.

In kuma kwamiti ya ga ko guntun nan ba zai fita daga ginin ba, na sallama, hukunci naku ne. To, a bar ni a sake hawo da ni benen, a kunna mini sau ɗaya a gaban jami'arku kafin a goge. Ranar da ta yi maganar harshena ya yi nauyi, kamar yadda yake yi tun da ciwon ya same ni. Ina cikin harhaɗa amsa aka rufe ƙofar. Ina so in gaya mata na sha maganin.

Allah Ya yi maka jagora, Ya sa ka gama lafiya, Ya jiƙan magabatanka.

Naka cikin girmamawa da biyayya,

(sa hannu)
Tsohon limamin masallacin bayan asibiti,
mijin marigayiya.