Faifan da Tsohuwar Na'urata Ta Ƙi Karɓa

Gwarinpa, Abuja.

Zuwa ga ɗana Nathan,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa a cikin sunan Ubangijinmu, ina fatan wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da matarka Jennifer da amaryata Marvel, wadda aka ce ta fara tafiya ba tare da ta nemi izinin angonta ba. Ina roƙon Allah Ya tsare ku daga sanyin Ingila, Ya ba ka farin jini a wurin aiki, Ya raba ka da abokin da zai yi maka dariya da haƙori ya sare ka da harshe. Mu a nan lafiya muke gwargwadon abin da shekaru suka rage mana. Gwiwar mahaifiyarka ta yi sauƙi, har ta koma jan waƙa a Zumuntar Mata, kuma maƙwabtanmu za su iya ba da shaidar haka ko ba a rantsar da su ba. Ƙanwarka Vivian ta kammala bautar ƙasa, yanzu tana bautar ofisoshi da takardunta a hammata. Mangwaron bayan gida ya yi 'ya'ya bana, jemagu kuma sun ɗauke mana wahalar tsinka.

Na san za ka yi mamakin ganin rubutun biro a wannan zamani. Dalili shi ne, shekara talatin da biyar na yi ina aikin gwamnati, na ajiye aiki ina Mataimakin Darakta, kuma darasin da na fi riƙewa shi ne magana mai nauyi ba a tura ta da murya ta waya, inda mutum zai saurare ta yana goge haƙora. Rubuta ta ake yi a sa hannu. Goggonka Helen, wadda ta kawo mini saƙonka, ita za ta miƙa maka wannan idan hutunta ya ƙare.

Bari in fara da tarihi, domin fayil ɗin da ba shi da shafin farko ba a yanke hukunci a kansa. Ka san ni uba ne mai tsanani. Ni ne na taɓa kulle na'urarka ta gem a but ɗin mota wata uku cur saboda jarrabawa, har ta je Lokoja ta dawo ba ta sani ba. Daga lokacin da muryarka ta buɗe, hirarmu ba ta wuce ina kwana da an kawo wuta. Sai ana saura mako biyu ka tashi zuwa Ingila, ka zaunar da ni a falo, ka damƙa mini abin nan mai maɓallai da kuke kira fad, ka ce za ka bar mini na'urar mai lamba huɗu da faifan ƙwallon ƙafa, mu riƙa bugawa ta intanet duk Lahadi da ƙarfe biyar na yamma. Na karɓa ne don kada in ba ka kunya. Amma ga shi shekara huɗu ban taɓa saɓa wannan alkawari ba, ko da an ɗauke wuta, ko da taron dattawan ikilisiya bai tashi ba. Na sha barin Fasto yana tsakiyar bayani in ce ina da ganawa da ƙasashen waje, kuma ban yi ƙarya ba.

Ba ƙwallon ce ta dame ni ba, domin har yau 'yan wasana gudu suke yi kamar masu neman fansho. Abin kunnen nan da muke magana ta cikinsa shi ne ribata. Idonka yana kan ƙwallo, sai bakinka ya manta cewa da ubanka kake magana. A nan na ji an sallame ka daga aikinka na farko, abin da ka ɓoye wa mahaifiyarka. A nan na fara jin sunan Jennifer. A nan ka gaya mini tana da juna biyu, daidai lokacin da nake shirin buga fenariti, na ɗaga ƙwallon sama ta tafi neman 'yan kallo, kuma har gobe ina ɗaukar wannan a matsayin maguɗi. Magabata sun ce zumunta a ƙafa take. Tamu a babban yatsa take, ban kuwa raina ta ba.

To, mako goma sha ɗaya da suka wuce ka aiko mini da saƙo cewa ka sayi sabuwar na'ura mai lamba biyar, ka ba da tsohuwar, kuma tsohon faifanmu ba zai yi aiki a kan sabuwar ba, don haka in dakata har ka aiko mini da sabon faifai. Na dakata. Duk Lahadi ina kunna tawa in buga da ita kanta na'urar, wadda take cin ƙwallo ba ta ba ka labarin kowa.

Ranar da Helen ta kawo faifan, na yi abin da ya dace da tsarabar ɗa daga Turai. Ba a buɗe irin wannan a ɓoye kamar kayan sata. Na gayyaci aminina Dattijo Thaddeus da wasu dattawa biyu bayan an tashi sujada, mahaifiyarka ta yi farfesun kaza, aka yi addu'a, na yi ɗan taƙaitaccen jawabi na minti ashirin a kan albarkar haihuwa. Sannan na zura faifan. Na'urar ta yi gurnani, ta yi tunani, ta rubuta a talabijin cewa ba ta san wannan baƙo ba. Na fitar na goge shi da hankicina na zuwa coci, na mayar. Ta maimaita matsayinta. Ɗaya daga cikin dattawan ya ce a hura masa iska, aka hura. Ɗayan ya ce wataƙila sanyin can ne bai sake shi ba, a ɗan shanya shi a rana. A ƙarshe dai suka cinye kazar suka watse suna ba ni haƙuri da irin muryar da ake yin ta'aziyya.

A bakin ƙofa Thaddeus ya ja ni gefe. Ka san motarsa, wadda ta girmi Vivian, amma makanikan Apo suka yi mata abin da suke kira afgired, wato aka canja mata fitilu da bamba da duk fuskarta, ta koma kamar sabon yayi, har a wurin biki masu gadi suke ajiye shi a layin manya. Ya ce a Abujan nan babu tsohon abu sai wanda mai shi bai san hanya ba. Ya ce idan ana yi wa mota mai ƙafa huɗu, ina ga ɗan akwatin da bai fi Littafin Waƙoƙi biyu ba. Ya ce akwai wani mutuminsa Fortune a wajen Utako, wanda hannunsa ke mayar da tsohuwa budurwa. Ka san an ce ba a mugun sarki sai mugun bafade. Amma ba zan ɗora wa Thaddeus dukan laifin ba, domin maganar ta yi mini daɗi tun kafin ya rufe baki.

Fortune ya tarbe ni da kirana Oga Darakta, ƙarin girman da gwamnatin tarayya ta hana ni shekara shida, shi ya ba ni cikin daƙiƙa ɗaya. Da na yi masa bayani, bai ko ɗaga gira ba, ya ce ƙaramin aiki ne, in dawo bayan kwana huɗu. Na dawo na tarar da na'urata ta shiga farar riga, tana tsaye a miƙe kamar ginin banki, da wata shuɗiyar fitila a ƙugunta. Wallahi ko kai ka gan ta daga nesa sai ka gaishe ta. Na nemi a gwada, ya ce ba su da wuta tun safe, kuma janareta ya tafi asibiti. Na rungumo ta zuwa gida a kujerar gaba, na ɗaura mata bel. Na kunna. Sabon faifan dai ta ƙi shi kamar jiya. Na ce to, a koma gidan jiya, na sa tsohon. Ta yi minti goma tana aiki, sai na ji ƙauri irin na wayar da ta ƙone, fitilar ta yi ƙifta biyu ta mutu. Garin neman gira na rasa ido. Da na koma Utako, maƙwabtansa suka ce Fortune ya tafi ƙauye jana'iza, kuma bisa ga dukan alamu mamacin bai gama mutuwa ba har yau.

Mahaifiyarka ce ta tura ni wurin Malam Manniru, mai gyaran kayan lantarki a nan cikin Gwarinpa, mutum mai furfura da ƙarancin magana. Ya buɗe ta, ya daɗe yana kallo, ya ce sabuwar rigar ta toshe duk kafofin da take shan iska, zafi ya dafa ƙwaƙwalwarta, babu sauran gyara. Ya ce da ma ko ba a taɓa ta ba, faifan da aka yi domin mai lamba biyar ba zai taɓa tashi a kan mai lamba huɗu ba, domin ba riga ce ta bambanta su ba, abin da ke ciki ne. Sabon wasan yana neman ƙarfi da saurin da tsohuwar ba a halicce ta da su ba, kamar a ce kwalba ta ɗauke ruwan randa. Na karɓi wannan hukunci da dattako. Ina naɗe wayoyina sai ya ƙara wata magana a matsayin ta'aziyya. Ya ce in adana tsohon faifaina, kada in yar, domin ita sabuwar na'urar tana karɓar kusan duk faifan tsohuwar. Tsohuwa ce ba ta karɓar na sabuwa, amma sabuwa ba ta ƙin na tsohuwa.

Na ce ya maimaita. Ya maimaita. Na ce ina son shaida, domin gani ya kori ji. Ya jawo wata mai lamba biyar da aka kawo masa shara, ya zura tsohon faifanmu, sai ga filinmu, ga 'yan wasanmu, ga kiɗan nan da nake ji duk Lahadi. Ya ƙara da cewa mai sabuwa da mai tsohuwa suna iya haɗuwa su buga, muddin tsohon faifan ne a hannun kowannensu. Na yi masa godiya, na fito, na zauna a mota na kusan rabin sa'a ban tayar ba.

Nathan, kai injiniyan kwamfuta ne. Abin da Malam Manniru ya sani a shagonsa mai faɗin tabarma biyu, ba zai ɓace maka ba. Ka san tsohon faifanmu zai yi aiki a wurinka, ka ce ba zai yi ba. Ka san irin na'urar da ke falona, domin kai ka ajiye ta da hannunka, amma ka aiko mini da faifan da ka san ba za ta karanta ba. A ma'aikata muna da irin wannan dabara: idan ba ma son mu ce wa mutum a'a, sai mu ba shi fom ɗin da ofishin karɓarsa bai wanzu ba. Na yi wa mutane da dama haka, ban taɓa zaton ɗana zai yi mini ba, har da takardar ado da kirtani ja.

Mahaifiyarka, lauyarka ta dindindin, ta ce gajiya ce, ga aiki ga jaririya, kuma Lahadi ɗaya ce tak gare ka a mako. Ta ce wataƙila Jennifer ta yi ƙorafi, kuma tana da gaskiya idan ta yi. Ta ce kunyata ka ji. Duk na yarda. Na kuma yarda cewa cin tsoho bakwai da nema kowane mako ba wasa ba ne, aikin jinƙai ne, kuma mai jinƙai ma yana gajiya. Amma da ka ce mini, Baba na gaji, da na ji zafi na kwana biyu na warke. Da ban tara dattawa sun yi mini ta'aziyyar faifai ba. Da ban ɗauki abu ɗaya tilo da ka taɓa ba ni da hannunka na kai wa mahauci ba. Wannan na ƙarshen wautata ce, na sa hannu a kanta, ba na neman wanda zai taya ni ɗauka.

Na san abin da zai fara zo maka a rai idan ka karanta wannan, shi ne ka saya mini mai lamba biyar ka aiko, a rufe fayil. Kada ka yi. Idan ta zo, zan bayar da ita ga sashen matasa na coci, kuma zan sa a sanar da sunanka daga bagade. Faifanka yana cikin wannan ambulan, lafiya lau, an goge shi fiye da yadda ya taɓa tsammani. Ka buga da tsaranka.

Abin da ya rage mini shi ne waya, irin wadda ake karawa a kunne, ba fili ba ƙwallo, ba abin da mutum zai ɓoye idonsa a kai. Ban sani ba ko ni da kai mun iya magana a haka, domin ba mu taɓa gwadawa ba. Ranar Lahadin da ta biyo bayan isowar Helen, da ƙarfe biyar na yamma, zan zauna a kujerata da wayar a kan gwiwata. Ni ba zan kira ba. Idan ta yi ƙara, ko minti biyar ne, zan ɗauka, kuma ba zan tayar da wannan magana ba har abada. Idan ba ta yi ba, na samu amsata, kuma ba sai ka wahalar da kanka wajen neman wani faifan ba.

Ka gaishe mini da Jennifer da kyau, ka ce mata ba ni da ƙorafi a kanta ko kaɗan. Ka sumbaci goshin Marvel. Mahaifiyarka tana gaishe ku, ta sa muku yaji da daddawa a jakar Helen. Vivian tana gaisuwa. Dattijo Thaddeus ma ya ce a gaishe ka, ko da yake a halin yanzu gaisuwarmu da shi daga nesa ce. Alherin Ubangiji ya kasance tare da gidanka.

Ni ne mahaifinka,
Solomon,
Mataimakin Darakta mai ritaya.