Yinin da Rakan Ya Kai Mu Jidda

Zahir, Makka
Farkon watan Rajab

Zuwa ga Yayata Iyatu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fatan wannan takarda za ta same ki lafiya, ke da Malam da yara da jikoki. Yaya ƙafar taki? Hajiya Mujahida ta ce min har yanzu sai da sanda kike fita unguwa. Allah ya ƙara sauƙi. Ita za ta kawo miki wannan idan ta gama umara ta dawo Kano, tare da dabino da man zafin da kika ce. Na san za ki ce me ya hana ni kira. Wayarki kullum tana hannun jikoki, ni kuma ba na son maganata ta zaga tsakar gida kafin ta iso kunnenki.

Albishir nake miki game da 'yarki Tahani. Yaron da na taɓa gaya miki, Rakan ɗan Alhaji Mukhtaru na Ka'akiyya, iyayensa sun zo an yi magana. Sun kawo shabka, wato sarƙa da zoben zinare da ake ba yarinya a nan idan an tsayar da aure. Bayan ƙaramar Sallah za a ɗaura in Allah ya yarda. Namu ne, Yaya. Kakansa daga Damagaram ya taho aikin Hajji da ƙafa, kamar yadda mahaifin marigayi mijina Abdullateef ya yi. Kakarsa mace, Hajiya Fatsuma, tana nan da ranta, ita ta rene shi. Hausar bakinsa kaɗan ce kamar sauran yaran nan, amma yana ji sarai. Idan ya shigo sai ya sumbaci kaina, yana kira na Hala, wato gwaggo.

Aikinsa jagorancin baƙi. Wani kamfani ne ke kwasar masu umara a bas, a kai su tsohon garin Jidda na bakin teku, wanda ake kira Balad, su yini a can, shi kuma yana yi musu bayani. Ya gayyace mu ni da Tahani ranar Asabar mu je mu ga aikinsa. Duk daɗewata a ƙasar nan ban san komai a Jidda ba sai filin jirgi da asibiti. Abdullateef ya sha cewa zai kai ni in ga inda jirgin ruwan da ya tsallako teku da babansa ya sauke shi, har Allah ya karɓi abinsa ba mu je ba. Ina ɗokin tafiyar kamar ƙaramar yarinya, har sabon takalmi na saya.

Ki gaida Malam, ki ce ya sa auren nan a addu'a.

Ƙanwarki,
Safara'u


Zahir, Makka
Tsakiyar Rajab

Yaya Iyatu,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki, ina gaida Malam da duk mutanen gida. Ina fatan man ya yi wa ƙafar amfani. Mu nan jikinmu lafiya, alhamdu lillahi. Ki samu wuri ki zauna ke kaɗai kafin ki ci gaba da karantawa.

Mun je Jidda. Da na san abin da zan tarar, da na zauna a ɗakina.

Tun a bakin bas a unguwar Aziziyya na ga alama, na ƙi yarda da idona. Rakan na tsaye a ƙofa cikin farar jallabiya da rawani ruwan ɗorawa irin na mutanen Hijaz na da, yana tarbar baƙi. Mutanen Malesiya ne da Turkawa, sai wasu iyali daga Riyad. Na ce masa, "Rakan, an tashi lafiya?" Bai dube ni ba. Ya amsa da Larabci kamar yadda yake amsa wa kowa, ya nuna mana kujerar can baya. Na ce a raina aiki ne ya sha masa kai.

Garin dai ba zan yi masa ƙarya ba, abin kallo ne. Gidaje dogaye da aka gina da dutsen da aka faso daga cikin teku, tagoginsu na katako an yi musu zane kamar aikin hula. Wasu an gyara an shafa musu kore da shuɗi, wasu sun karkace an tokare su da ƙarfe. Lungunan matsattsu kamar na wajen Kurmi, ga kyanwoyi ta ko'ina, ga zafi mai danshi da ke manna wa mutum mayafi a wuya. Rakan na gaba da 'yar tuta da lasifika, yana yi da Larabci yana juyawa da Turanci. Ya iya baki, Yaya. Ya ba da labarin ganuwar da aka yi wa garin saboda jiragen yaƙin Turawan Fotugal, da zamanin da Turkawa ke mulki, ya nuna inda jakadun Turawa suka zauna da gidajen manyan attajirai. Tahani sai kallonsa take tana murmushi. Ni ma har na manta da abin da ya faru a bakin bas. Na matsa kusa na tambaye shi a hankali ina ne jiragen alhazai ke sauke mutane a da. Ya ce wannan ba ya cikin tsarin yau, ya yi gaba.

Daga nan ya shigar da mu wani gidan attajiri da kamfaninsu ke kai baƙi. Muka hau sama muka ga dardumai da madubai da manyan gadaje. Da muka sauko sai ya tara mu a wani ɗaki a bayan matakala, ba taga, dogon mutum sai ya sunkuya. Warin danshi da fitsarin kyanwa ya cika shi. An ajiye wani tsohon turmi da taɓarya, da garwa biyu a rataye jikin sanda irin ta masu ga-ruwa. Ya ce a nan masu hidimar gidan ke kwana, bayi da takarna. Kin san kalmar, mu ake nufi.

Da a nan ya tsaya da ban ce komai ba, tarihi ne, an yi shi. Amma sai ya saɓa sandar garwar a kafaɗa, ya ranƙwafa, ya turo leɓe, ya shiga kwaikwayon yadda tsofaffinmu ke yin Larabci, ana mayar da namiji mace, ana sako "wayyo" da "to, to" a tsakiya. Yaya, muryar Hajiya Fatsuma ce. Na zauna da matar nan, na san yadda take jan magana, na san ɗan tarin da take yi kafin ta ce wallahi. Duk ya kwaso ya kawo wa baƙi. Mutanen Riyad suka yi ta dariya, har ɗaya ya riƙe ciki. Sauran ba su ji abin da ake faɗa ba, amma suka bi sahu. Wayoyi duk a sama ana ɗauka.

Na nemi fita, ƙofa ta cushe. Sai wata Baturkiya mai fara'a ta dafa kafaɗata, ta yi wa Rakan magana da Turanci tana nuna ni. Ya amsa mata yana dariya, sannan ya juyo ya ce min baƙuwa na son ɗaukar hoto da ni don tunawa. Na ga mace ce sa'ata, ta zo ɗakin Allah, ban ga abin ƙi ba. Ta tsayar da ni jikin turmin, ta ba ni taɓarya. Na riƙe. Har murmushi na yi, Yaya. Wasu ma suka zo suka ɗauka. Da ta gama sai ta dunƙula min wani abu a hannu, na duba na ga kuɗi ne. Na bi ta na mayar mata da ƙyar. Na ɗauka sadaka ce irin wadda masu umara ke rabawa.

Na waiga ban ga Tahani ba. A waje na same ta jingine da bango, fuskarta ta sauya. Ta ce zafi ne. Aka kai mu cin shinkafa da kifi a bakin teku, ko taɓawa ba ta yi ba. Rakan ya zauna can cikin mutanen Riyad. Daga nan muka dawo Makka.

Sai washegari da safe, ina haɗa shayi, Tahani ta gaya min, da yake ita tana jin Turanci. Ashe Baturkiyar nan tambaya ta yi ko ni wace ce. Shi kuma ya ce ai ina cikin jikokin masu kwana a ɗakin, kamfani ne ke kawo ni don baƙi su ga irinsu, kuma ina jin daɗi idan an ɗan ba ni wani abu. Ni, uwar yarinyar da zai aura, a gaban idonta.

Na ajiye kofin na shiga banɗaki na yi amai. Na yi wanka na sake yin wani. Abayar da na sa ranar na ƙulle ta a leda, ba na son ko ganinta. Ba fushi nake ji ba, da fushi ne da na yi faɗa na huce. Ƙyama ce, irin wadda kike ji idan kin ga ƙuda a ƙasan kwano bayan kin ci rabin abincin. Idan na tuna bakin nan ya taɓa kaina da sunan girmamawa, sai tsigar jikina ta tashi.

Ban ce wa Tahani ta fasa ba. Ba yarinya ba ce, ita ke tsayawa a kantin magani ta sallami jama'a da hankalinta, kuma tana son sa. Ina kallonta tana ramewa. Ki taya mu da addu'a, kuma kada ki gaya wa Malam tukuna.

Taki har kullum,
Safara'u


Zahir, Makka
Watan Sha'aban

Yayata abar ƙaunata,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina fatan kina lafiya da iyali, kuma ana shirin azumi cikin rufin asiri. Amsarki ta iso. Na yi dariya a wurin da kika ce da kina nan da taɓaryar ta yi aiki. Ita ce dariyata ta farko tun ranar.

Tahani ta tare Rakan da maganar, sai ga shi ya zo da mahaifinsa da faranti na kayan zaƙi. Ranar har Hausa ta fito, wadda ta ɓace masa a bakin bas. Ya ce wasa ne kawai. Ya ce baƙi na gajiya da tarihi, sai an ba su dariya suke rubuta wa jagora yabo, kamfani kuma yabon yake dubawa. Maganar hoto ya ce suɓutar baki ce. Ya rantse ya daina. Alhaji Mukhtaru, bawan Allah, kansa na ƙasa har suka tashi. Saboda shi na ce na yafe. Maƙwabciyata Manal ma ta yi ta ba ni baki, wai yaran yanzu haka suke, kada in ɓata wa 'yata aure a kan wasa. Na haɗiye abin da ke raina. Tahani ta soma cin abinci, aka ci gaba da maganar ɗinki.

Asabar ɗin da ta wuce ta fita da safe kamar za ta aiki. Ashe ta kama kujera a bas ɗinsa da sunan ƙawarta Raghad, ta sa niƙabi ta shiga cikin baƙi. Ta ce min ta je ne da fatan ta dawo tana jin kunyar zargin da take masa. Bai gane ta ba. Da aka iso ɗakin nan sai ya saɓa garwa ya yi abinsa kamar yadda ya saba, bai rage komai ba. Har ƙari ya yi. Ya ba su labarin wata tsohuwar takaruniya da ta yi fushi kwanakin baya, sai da aka kai mata kayan zaƙi ta huce. Ya kwaikwayi yadda na ce na yafe, har da yadda na gyara mayafi.

Ta bari ya gama, aka gama dariya, sannan ta matso gabansa ta ɗage niƙabin. Ta ce garwar ta suɓuce masa ta faɗi, ƙarar ta cika ɗakin. Ta fita ta tari tasi zuwa tashar jirgin ƙasa, ta dawo Makka ita kaɗai.

Bayan la'asar ta shigo. Ta ɗauko akwatin shabka, ta zare zoben ta sa a ciki, ta ɗora min a cinya. Washegari ƙanin babanta, Ma'aruf, ya mayar wa Alhaji Mukhtaru. Rakan ya yi ta kira har ta rufe lambarsa. Hajiya Fatsuma ta aiko tana tambayar abin da ya faru, na ce a gaya mata rabo ne bai yi ba. Ba daga bakina tsohuwar nan za ta ji ba. Yanzu za ki iya gaya wa Malam, ki ce an fasa.

Kada ki kira Tahani ki ce Allah zai kawo wanda ya fi shi, ba ta son jin wannan tukuna. Tana zuwa aiki, tana dawowa, tana kuka a kicin idan ta ɗauka ba na ji. Jiya na same ta a can, ta share ido ta ce min, "Ummi, kin san abin da ya fi ci min rai? Ranar farko, da ya fara, ni ma na yi dariya kafin in gane muryar wa yake yi. Da bai taɓa ki ba, da na yi shiru na aure shi."

Na ja kujera na zauna kusa da ita, muka gama tsintar shinkafar tare.

Ki gaida Malam da yara, ki shafa min kan jikoki. Allah ya kai mu Ramadan lafiya, ya sada mu da alheri.

Ƙanwarki mai ƙaunarki,
Safara'u