Dodon da Mama Ta Ciyar

Assalamu alaikum Yaya,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata wannan takarda za ta same ka cikin sauƙi. Yaya jikin, yaya barci, yaya abincin wurin? Mu nan lafiya lau. Mama tana gaishe ka, ta ce in tambaye ka ko bargon ya isa, don ta san ka da sanyin ƙafa. Ka yi haƙuri da rubutuna, ka san ni da biro ba mu daɗe tare ba. Direban da ke kai muku ruwa ni nake wanke masa mota, shi ya ce in riƙa ba shi takarda tunda an hana ku riƙe waya.

To ga labarin Tartsatsi, na san shi kake jira. Dodonka yana nan lafiya cikin wayarka. Ina bin abin da ka koya mini ranar da muka raka ka: kowane dodo a wasan nan yana da ɓoyayyen buhun horo, abin da aka zuba masa shi zai zama, in kuma ya cika ya cika, ba a zazzagewa. Ka ce sauri kawai kake so a zuba, don wancan karon a gasar shagon aski da ƙiftawar ido dodon Mai Aski ya riga naka kai duka. Saboda haka ba na barin sa ya yi faɗa da kowa sai tsuntsayen nan masu farin bindi na bakin kogi, su ne ke ƙara sauri. In muka ci karo da masu jikin dutse sai in ja shi mu gudu, ko da zai iya gamawa da su da mari ɗaya. Na lura tsuntsayen sun fi fitowa in ana ruwa a cikin wasan, sai in tsaya gindin gada in jira. Abokan aiki dariya suke yi, wai ni Sannu-sannu na samu sana'ar da ta dace da ni, jiran hadari a cikin waya.

Sai babu motar wankewa nake yin wasan. Wayar tana cikin leda a aljihun gaba, ba na taɓa ta sai na goge hannu ya bushe ƙarau. Buhun ya kusa rabi.

Yaya, ina riƙe da nawa alkawarin, ka riƙe naka. Ka ce in dai ina kula da shi za ka zauna har likita ya ce ka gama, ba irin wancan karon da ka tattaro kayanka tun ba a je ko'ina ba. Na san ƙofar wurin ba a kulle take ba, kai ka kai kanka, in ka ce za ka fita ba mai tare ka. Abin da ke hana ni sakewa ke nan. Gasar shagon aski sai bayan fitowarka, na tambaya na sake tambaya, kada ka sa ta a rai.

Jiya Mama ta leƙo ta kafaɗata ta gan shi, ta ce wannan wace irin dabba ce duk haƙarƙari a waje. Na ce naka ne. Sai ta tambaya ko ana ba shi abinci kuwa. Na nuna mata inda ake dannawa, na ba shi ɗan itacen nan shuɗi guda, mai ƙara sauri. Ya yi tsalle ya juya, ta yi dariya. Rabon da in ji dariyarta tun kafin kwalaben mayen nan su shigo mana gida. Har yanzu in ta raba abinci sai ta zuba naka ta rufe, da safe ni nake cinyewa.

Ka huta lafiya.
Ƙaninka,
Sannu-sannu

Assalamu alaikum Yaya,

Ina gaishe ka, ina fata jikin yana ƙara kyau. Direba ya ce ya hango ka kana share tsakar gida, har kumatunka sun fara dawowa. Allah Ya ƙara sauƙi. Ka nemi wuri ka zauna kafin ka ci gaba da karantawa.

Shekaranjiya ledar wayar ta yage a wurin aiki, ruwan kumfa ya kusa shiga ramin caji. Sai na ce daga yau gida za ta riƙa kwana ta yini. Jiya na bar ta a caji kan tagar ɗakinmu na fita. Da na dawo na buɗe wasan, tun kafin in duba komai na san an yi wani abu. Tartsatsi in zai taka, da ƙafar gaba yake fara ɗagawa kamar ƙasa na ƙona shi. Jiya sai na ga yana ajiye ta da nauyi.

Na buɗe jakar 'ya'yan itace. Shuɗɗan suna nan yadda na bar su. Jajayen nan manya da ka daɗe kana tarawa don musaya, masu ƙara kaurin jiki da yawan jini, babu ko ɗaya. Buhun horo ya cika har baki. Rabinsa sauri, rabinsa ƙiba.

Mama ce. Ban ma tambaye ta ba, ita ta shigo da fara'arta ta ce in duba, yau dai ɗan nan ya ƙoshi. Ta ce ta ga shuɗɗan kamar ɗanyu ne, sai ta zaɓar masa nunannu. Wai duk wanda ta ba shi sai ya yi rawa, ita kuma ba ta iya hana mai rawa abinci ba, ta yi ta ba shi har ya kau da kai. Ita da ba ta iya ajiye lambar waya ba, kallo ɗaya ta yi mini ranar nan ta riƙe.

Na kashe wayar na kunna, ko zai koma yadda yake. Wasan yana ajiye komai da kansa. Na tambayi masu wasan a shagon aski ba tare da na ce naka ne ba, duk bakinsu ɗaya, wanda ya cika ya cika.

Na so in ɓoye maka har ka fito. Amma in ka fito ka tarar na yi ta shirga maka ƙarya a takarda, ban san inda za ka nufa daga nan ba, ko kuma in ce na sani. Don Allah kada ka ga laifinta. Ni na nuna mata, ni na bar wayar. In fushi za ka yi, ga ni, ka rubuto ka zage ni yadda ka saba, za a kawo mini.

Naka mai jiran amsa,
Sannu-sannu

Yayana,

Sallama da gaisuwa. Ba zan tambayi lafiyarka da tsawo ba, direba ya riga ya gaya mini. Ya ce ka karanta takardata a tsaye, ba ka ba shi amsa ba, kuma da zai fito ya ji kana ce wa malamin jinya a ɗauko maka jakarka da takalmanka daga ma'aji. Mota ɗaya na wanke ta na sake wankewa, sai da maigida ya tambaye ni ko fenti nake son cirewa.

Na san me kake gani. Kana ganin abu ɗaya da ka gina da hannunka, wanda kwalba ba ta ci ba, shi ma ya tafi. Ba zan ce maka wasa ne kawai ba. Na ga lokacin da kake ta ƙyanƙyashe ƙwai kana saki, har ka samu wannan.

Na kai shi shagon aski na ce a gwada. Ba zan rufe ka ba, an ci mu. Dodon Mai Aski ya riga mu duka kamar kullum. Amma Yaya, dukan da ya kwantar da naka wancan karon, wannan karon Tartsatsi ya sha shi yana tsaye. Ya sha na biyu yana tsaye. Mai Aski ya ajiye almakashi, ya bar kan mutum rabi, ya zo yana leƙe yana tambaya me muka ba shi. Ni ban iya zaɓen duka irin naka ba, dannawa kawai nake yi. A hannunka ban san yadda za ta kaya ba. Ban ce zai ci gasa ba, abin da na gani na faɗa.

Mama ta gane. Ba ni na gaya mata ba, fuskata ta karanta. Ta ɗauki wayar a ɓoye ta kai wa mai gyaran waya na bakin titi, ta ce ya taimaka ya sa dabbar ta amayar. Da ya yi dariya ta dawo ta shige ɗaki. Yanzu kwano biyu nake tararwa a rufe, naka da nata. Abin da take ta maimaitawa shi ne, in ka fito saboda wannan, ita ce ta fito da kai.

Ranar ziyara ta kusa. Ban roƙe ka ka yafe ba, ban roƙe ka ka gama zaman ba. Ka dai bari mu same ka a ciki. In mun zo ka ce za ka biyo mu, ni zan ɗaukar maka jakar.

Ƙaninka mai jiran ranar ziyara,
Sannu-sannu

Assalamu alaikum Yaya,

Gaisuwa mai tarin yawa. Mun iso gida lafiya, ina fata kai ma ka tashi lafiya.

Da muka shigo na gan ka kan bencin bakin ƙofa da jaka a cinya, na ce shi ke nan. Ka ga ban yi magana ba duk zaman, ba rashin abin faɗa ba ne, tsoro nake kada in yi tari ka miƙe. Ina kallon ka lokacin da ka tambayi Mama me take ce masa tana ba shi. Ina kallon ta da ta sunkuyar da kai ta ce, “Cewa nake, ci, Babana, ka rame.” Ka san ba wanda take kira da wannan sai kai. Na ga ka juya kana kallon bango, na kuma ga ka jawo kwanon da ta zo da shi ka cinye tas har da suɗe hannu. Amma har muka fito ba ka ce za ka zauna ba, jakar kuma tana cinyarka. A mota Mama sai waiwaye take yi, ni ma haka.

Da muka iso ta buɗe jakar kwanuka za ta wanke, sai ga takalmanka a ƙasa, an naɗe su da ɗankwalin da ta rufe abincin. Ban ga lokacin da ka sa su ba, ni da nake cewa ba abin da ke wuce ni. Ta zauna a ƙasa ta rungume su, da ƙurarsu da komai. Daga baya ta ci abinci, ta ƙara.

Ga abin da ban gaya maka a can ba. Na kai Tartsatsi gidan kiwo na cikin wasan, an samu ƙwai. In ya ƙyanƙyashe zan koma gindin gada jiran ruwa, buhunsa babu komai, sauri zalla za a zuba. Na ce wa Mama wannan ba a ba shi ja, ta ce ita ba ruwanta da shi, tana da nata. Kullum da safe sai ta karɓi wayar ta duba ko Tartsatsi ya tashi. Tunda buhunsa ya cika, duk abin da ta ba shi ba ya ƙara komai ba ya rage komai, rawar dai yana yi mata.

Na ƙare wa silifas ɗin da suka ba ka kallo, igiyar hagu ta kusa tsinkewa, ba za su kai mutum bakin titi ba. Kada ka nemi a gyara. Takalmanka suna ƙarƙashin gadona na goge su, ranar da likita ya ce ka gama ni zan kawo su da hannuna.

Mama tana gaishe ka. Tartsatsi ma, da ƙibarsa.

Naka har kullum,
Sannu-sannu